Kundin Greatest Hits na Journey: tarihin ƙungiyar ne, ko rabinsa?

Baban Khalifa:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Maganar da zan kawo yau na san ba kowa za ta yi wa daɗi ba, amma ina so mu tattauna ta. A ganina, duk cikin kundayen da ƙungiyar Journey ta Amurka ta fitar, babu wanda ya kamo ƙafar Greatest Hits na 1988, har da kundinsu Escape na 1981 da ake ta yabo. Na san masu kunnen kiɗa sun saba raina irin wannan kundi, su ce ai tsince-tsince ne kamfani ya yi don ya ƙara cika aljihu. To amma a duba. Waƙa 15 ce, kimanin sa'a guda, kuma babu wadda hannunka zai kai ga tsallakewa. Kamfanin Columbia ya fitar da shi a watan Nuwamba na 1988, lokacin da ƙungiyar ma ta daina aiki tare, babu yawon wasa, babu sabuwar waƙa ko ɗaya a ciki da za a tallata shi da ita. Duk da haka an sayar da sama da kwafi miliyan 15 a Amurka kaɗai, ya zarce duk wani kundi nasu. Ni dai na ɗauka wannan shi ne ainihin aikin da suka bar wa duniya, sauran kundayen kuwa hanya ce ta kaiwa gare shi. Wanda yake da ja, ga fili.

Sadiƙu Mai Jita:
Wa alaikumus salam Yaya. Ina da ja, kuma babba.

Ba na musun daɗin waƙoƙin. Abin da ke damuna shi ne kundin ya yanke wa ƙungiyar kai. Duk wanda ya san Journey ta wannan faifai zai rantse cewa a 1978 aka kafa ta, alhali tun 1973 take a San Francisco. Waɗanda suka kafa ta kuma ba ƙananan mutane ba ne. Gregg Rolie shi ne mai ogan kuma mai rera waƙa a ƙungiyar Santana, da shi aka yi wasan Woodstock a 1969. Neal Schon kuwa yana ɗan shekara 17 ya shiga Santana a 1971, yaro ƙarami yana kaɗa jita kafaɗa da kafaɗa da Carlos Santana. Manajansu Herbie Herbert ne ya tattara su. Sun yi kundi uku kafin mawaƙi Steve Perry ya zo: Journey a 1975, Look into the Future a 1976, sai Next a 1977. Kiɗa ne mai tsawo, mai gauraye da jaz, makaɗi yana sakin hannunsa yadda ya ga dama. Ku nemi "Of a Lifetime" ku ji yadda jitar Schon take kuka, ko "Kohoutek" wadda babu murya a cikinta ko kaɗan.

A cikin waƙa 15 ɗin nan, nawa aka ɗauko daga kundayen nan uku? Ko ɗaya. Ba a nan ma ta tsaya ba. Shekarun da Rolie da Perry suka yi tare, daga Infinity na 1978 zuwa Departure na 1980, kundi uku ke nan, waƙa 4 kacal aka ba su. Sauran 11 duk na zamanin Jonathan Cain ne, mai fiyanon da ya gaji Rolie. Kuma babu waƙa ɗaya a ciki da Rolie ya ja baiti, mutumin da shi ne muryar ƙungiyar ta farko. Wannan ba tarihi ba ne Yaya, zaɓen wanda ya fi kawo kuɗi ne.

Anti Rabi:
Sadiƙu, tsakani da Allah, kundayen nan uku da kake faɗa wa ya saya? Ai rashin cinikinsu ne ya sa kamfani ya ce ko su nemo mawaƙi na gaba ko a sallame su. Sunan kundin ma ya faɗi abin da ke cikinsa, waƙoƙin da suka yi tashe. Ba su yi alƙawarin ba da tarihi ba. Ni ba na kaɗa komai, kunne kawai gare ni, kuma abin da ya riƙe ni a wajen mutanen nan muryar Perry ce. In ya ɗauko "Open Arms" daga ƙasa a hankali ya haura da ita, sai ka ji tsigar jikinka ta tashi. Mako shida waƙar nan ta yi tana ta biyu a jadawalin Billboard na waƙoƙin da suka fi tashe a Amurka a 1982. Mariah Carey ma ta sake rera ta a 1995, kuma duk da irin baiwar da Allah ya yi mata, ni ta Perry ta fi shiga raina.

Sadiƙu Mai Jita:
Anti, "Open Arms" ɗin nan da kike so, Schon bai so ta ba da aka kawo ta. Cain ya faro ta tun yana ƙungiyar The Babys, mawaƙinsu John Waite ya ƙi ta. Kin ga ke nan ko a cikin ƙungiyar akwai masu ganin an kauce daga hanyar da aka faro.

Anti Rabi:
To ai ka ba ni hujja ne ƙanena. Biyu sun ƙi ta, jama'a suka karɓe ta hannu bibbiyu. Wa ya yi daidai?

Baban Khalifa:
Bari in shigo nan, domin akwai inda maganar Sadiƙu ba ta zauna ba. Ka ce lissafin kuɗi aka bi. Da haka ne, da jerin ya bambanta. "Lights" da aka sa a ciki, lamba ta 68 ta tsaya a 1978. "Wheel in the Sky" ta 57. A ma'aunin kasuwa waɗannan ba su yi wani tashe ba. Ga kuma "Suzanne" da ta kai ta 17 a 1986, da "Still They Ride" da ta kai ta 19 a 1982, duk an bar su a waje. Wato wanda ya yi zaɓen ya yi aiki da kunne, ya san waƙoƙin da jama'a ke rerawa a filin wasa da waɗanda gidajen rediyo suka ƙi sakewa, ko da ba su hau jadawali sosai ba. Yau ka je San Francisco, "Lights" ta zama tamkar taken garin, a filin wasan ƙwallonsu ma ana sa ta. "Suzanne" fa, wa ke tuna ta?

Sannan ku lura ba a jera su bisa shekaru ba. An gauraya mai zafi da mai sanyi, ta 1985 ta buɗe, ta 1981 ta biyo, sai a koma 1978. An tsara shi ne kamar wasa a gaban jama'a. Shi ya sa nake ce masa aiki mai zaman kansa.

Ɗan Damagaram:
Salamu alaikum manya. Ni ƙarami ne a nan, ina karatu ina ƙaruwa. Tambayata ita ce, me ya sa ake ce wa irin kiɗansu rok na manyan filaye? Wani salo ne daban, ko don kawai suna tara jama'a ne?

Sadiƙu Mai Jita:
Duka biyun ne ɗan uwa, kuma ɗaya ne ya haifi ɗaya. A shekarun 1970 ƙungiyoyin rok suka tashi daga ƙananan zaure suka koma filayen ƙwallon kwando da na ƙwallon ƙafa, inda ake zuba mutum dubu 15, dubu 20, wani wurin ma ya ninka haka. Duk wanda ya taɓa kaɗa wa jama'a a babban gini ya san matsalar: sauti yana bugun bango ya dawo. In ka yi kiɗa mai sauri mai yawan ƙwalisa, na baya ba abin da zai ji sai hayaniya. Dole ka rage gudu, ka ja sauti ya yi tsawo, ganga ta faɗi da nauyi a inda kowa ke tsammani, amshi kuma ya zama mai sauƙin kamawa yadda mutum dubu 20 za su ɗauka tare. Muryar mawaƙi kuma sai ta zama mai tsini wadda za ta keta jita da ganga ta fito sama. Abin da Boston da Styx da REO Speedwagon suka yi ke nan, kuma a nan Perry ya fi kowa.

Da aka zo yin Infinity sai aka ɗauko Roy Thomas Baker, wanda ya yi aiki da Queen, ya riƙa ɗora murya kan murya har amshin ya yi kauri. Shi kuma Herbert ɗan kasuwa ne na gaske. Kamfaninsa Nocturne yana cikin na farko da suka riƙa kafa manyan allunan bidiyo a filin wasa don na can ƙarshe ya ga fuskar mawaƙi. Har wasan kwamfuta na Atari aka yi da sunansu a 1982.

To ka ga abin da nake faɗa. Fili ne ya tsara kiɗan. Ba na cewa mummunan abu ne, yin sa da kyau ma gwaninta ce. Amma makaɗan nan sun iya abin da ya wuce haka, kuma kundin 1988 ya ɓoye shi.

Maman Ihsan:
Sannunku da hira. Ni da nake zaune a Amurka bari in faɗi abin da nake gani da idona. Malam Sadiƙu, bayaninka ya yi, amma kana magana kamar sauƙin kamawa wani rangwame ne aka yi wa jahilai. Ka zo bikin aure a nan, ko taron makarantar yara, ko filin wasa, ka ga abin da ke faruwa in aka saki fiyanon farkon "Don't Stop Believin'". Tsohuwa da jikarta, baƙi da farare, ma'aikacin asibiti da direban babbar mota, kowa ya san ta daga farko har ƙarshe. Ƙasar nan mutane sun rarrabu a kan komai, amma ban ga wanda ya zauna shiru in ana wannan waƙa ba.

Kuma wai sauƙi. Ka sake saurare da kunnenka na makaɗi. Kusan duk waƙar rediyo takan kawo amshinta kafin minti ɗaya ya cika. Wannan kuwa sai an wuce minti uku, saura ƙasa da minti guda ta ƙare, sannan ainihin amshin yake zuwa. Baiti, kiɗa, baiti, wani ɗan gajeren hawa, jita, ana ta ja maka rai. Wannan ba aikin mai neman sauƙi ba ne. Cain ya sha faɗa cewa sunan waƙar daga bakin mahaifinsa ya fito, lokacin da yake fama a Los Angeles babu kuɗi yana tunanin komawa gida Chicago, uban ya ƙarfafa masa gwiwa ta waya. Duk wanda ya bar gida ya zo neman na kansa a ƙasar da ba tasa ba ya san wannan kiran wayar. A 2022 ɗakin karatu na majalisar dokokin Amurka ya sa ta cikin sautukan da ake adanawa don tarihin ƙasa. Ita ce bakandamiyarsu, ko da yake a 1981 ta tara kawai ta kai.

Sadiƙu Mai Jita:
Hajiya, a kan ginin waƙar nan ba ni da ta cewa, gaskiyarki ne. Har gangar da Steve Smith ya buga a cikinta ba irin ta kowa ba ce, mutumin jaz ne, kuma yana canza salon bugun daga baiti zuwa baiti. Amma ita ma a Escape take, kuma a can tana da 'yan uwa. Daga ita sai "Stone in Love", wadda a wurina ta fi rabin abin da ke cikin Greatest Hits, kuma an bar ta.

Malam Habu:
Na daɗe ina bin zancen nan ban sa baki ba. Na yi shekaru ina sayar da kaset, don haka ta gefen mai shago zan yi magana.

Abin da Sadiƙu ke kuka da shi ba Journey kaɗai ya sama ba. Ku ɗauki Bob Marley, wanda duk mun san shi. Kundin Legend ya fito a 1984, shekara uku bayan rasuwarsa, kuma da gangan kamfanin Island ya fi karkata ga waƙoƙinsa masu taushi, na soyayya da zaman lafiya, aka rage masu zafin siyasa, don a samu shiga gidajen Turawa. Yau mafi yawan masu cewa suna son Marley wannan kundin suka sani. An rage shi? An rage shi. Amma mutum nawa ne suka bi ta wannan ƙofa suka isa ga sauran? A shago na ga wannan da idona. Mutum ba ya fara sayen kaset biyar na mawaƙin da bai sani ba. Guda yake ɗauka, wanda aka tara masa masu daɗin, in ya kama shi sai ya dawo ya ce akwai wani nasa? Wanda bai dawo ba, da ma ba zai taɓa sayen biyar ɗin ba.

Ita ma ƙungiyar Eagles haka ne. Kundinsu na tsince na 1976 yana cikin waɗanda aka fi saya a tarihin Amurka, alhali 'yan ƙungiyar ba su ne suka nemi a yi shi ba. Sannan a yi wa Columbia adalci: sun tara waƙoƙin kundayen farkon nan uku a wani kundi mai suna In the Beginning tun kafin Escape ya fito, kuma a 1992 sun fitar da akwati mai faifai uku da ya faro daga tushe. Kayan suna nan. Masu saye ne suka nuna wanda suke so.

Baban Khalifa:
Allah ya saka da alheri Malam. Ka faɗi abin da na kasa tsarawa.

Sadiƙu Mai Jita:
Ranka ya daɗe Malam, na ji, amma misalin Marley ai nawa ne ba naku ba. Kai da kanka ka ce an rage shi. Bambancin kawai shi ne Marley ya yi girman da ba a iya ɓoye sauran aikinsa. Rolie bai samu wannan ba. Ya bar ƙungiyar a 1980 saboda ya gaji da yawon wasa, shi da kansa ya ba da shawarar a ɗauko Cain ya maye gurbinsa, sai ga shi kundin da duniya ta sani ya mayar da shi ɗan rakiya. Mutumin da aka shigar da shi zauren girmamawa na Rock and Roll Hall of Fame sau biyu, da Santana a 1998, da Journey a 2017.

Anti Rabi:
Ni akwai abu ɗaya da nake gode wa kundin nan a kansa, kuma ba wanda ya taɓo shi. Waƙa biyu a ciki, "Only the Young" da "Ask the Lonely", ba sa cikin kowane kundi na Journey a lokacin. An yi su ne don Frontiers na 1983, sai a ƙurarren lokaci aka cire su aka sa wasu, suka ƙare a kundayen waƙoƙin fina-finai. Wanda ya sayi duk kundayen ƙungiyar ma ba shi da su, sai 1988 aka dawo da su gida.

Kuma "Only the Young" tana da labari. Akwai wani yaro ɗan shekara 16 mai fama da ciwon huhu na gado, yana kwance a asibiti, burinsa ya ga 'yan Journey. Suka je har bakin gadonsa, suka kai masa waƙar a kaset tun ba a sake ta ba, ya saurara. Washegari ya rasu. Abin ya girgiza su ƙwarai, kuma da ita suka riƙa buɗe wasanninsu a yawon 1986. Ita aka sa ta farko a wannan kundi, gaban "Don't Stop Believin'". Mai lissafin kuɗi zalla da babbar zai fara.

Maman Ihsan:
Allah sarki. Wannan ya ƙara mata nauyi a wurina.

Sadiƙu Mai Jita:
Dawo da waƙoƙin nan biyu abu ne mai kyau, na yarda. To amma mu zo kan Raised on Radio na 1986. Waƙa uku aka ba shi, daidai da Escape, daidai da Frontiers. Ta yaya? Escape ya kai na ɗaya a Amurka. Frontiers ya kai na biyu, kuma Thriller na Michael Jackson ne ya tare masa gaba. Shi kuwa Raised on Radio, lokacin yin sa aka sallami Ross Valory mai jitar bes, wanda da shi aka kafa ƙungiyar, aka sallami Steve Smith mai ganga, aka ɗauko 'yan haya, ciki har da Randy Jackson wanda daga baya ya zama alƙali a gasar waƙa ta talabijin. Saura mutum uku. Ka saurare shi za ka ji ya fi kama da kundin Perry shi kaɗai. An cika masa gurbi uku ne don shi ne na baya-bayan nan a 1988, yana sabo a kunnen masu saye. Nan kam kasuwa ce ta yi magana, Yaya, ba kunne ba.

Maman Ihsan:
A yi wa Perry uzuri a wannan lokacin. Mahaifiyarsa tana jinya ana aikin kundin, yana kai da kawowa tsakanin ɗakin ɗaukar sauti da wurinta, kuma ta rasu kafin ya fito. Bayan yawon ya ƙare a farkon 1987 ya ce ya gaji, ya janye. Ina jin wannan gajiyar a cikin "I'll Be Alright Without You", kuma jitar Schon a ƙarshenta tana cikin mafi natsuwar abin da ya taɓa kaɗawa. Ita kam kar a taɓa min ita.

Ɗan Damagaram:
Na gode da amsa Yaya Sadiƙu. Bari in faɗi ta inda mu yaran yanzu muka shigo, domin ba ta kaset ba ne. Ni labarin Arnel Pineda ne ya kawo ni. Ɗan Filifin ne, mahaifiyarsa ta rasu yana ɗan shekara 13, ya yi zaman titi a Manila yana tsintar kwalabe da ƙarafa yana sayarwa, daga baya ya riƙa waƙa a gidajen rawa yana rera waƙoƙin wasu. A 2007 Schon yana neman mawaƙi, ya ci karo da bidiyonsa a YouTube yana rera waƙoƙin Journey da ƙungiyarsa The Zoo. Aka kira shi Amurka, a watan Disamba aka sanar shi ne sabon mawaƙi, a Fabrairun 2008 ya tsaya gaban dubban mutane a bikin Viña del Mar na ƙasar Chile.

Abin da nake so in ce shi ne, waƙoƙin da suka tsallaka teku suka isa gidajen rawan Manila har yaron nan ya haddace su, ai irin waɗanda ke cikin kundin nan ne, su "Faithfully" da "Open Arms". Da ba su yi wannan tafiyar ba, da ƙungiyar ba ta samu wanda ya tashe ta ba. Har kundin farko da suka yi da shi, Revelation na 2008, sai da suka haɗa da faifai na biyu inda ya sake rera tsofaffin.

Anti Rabi:
Yaro ka yi magana mai kyau, kuma ina girmama Pineda, ya sha wuya kuma yana da murya. Amma sake rerawar nan ban ga amfaninta ba. Perry ba tsawon murya kawai gare shi ba. Ɗan Fotugal ne ta iyaye, an haife shi a Hanford ta jihar California a 1949, ya tashi yana sauraron Sam Cooke, kuma bai taɓa ɓoye cewa daga can ya koyi yadda ake lanƙwasa murya ba. Shi ya sa yake jinkirta kalma kaɗan bayan bugun ganga, ya ja ta, ya sake ta. Wannan ba a kwaikwayonsa, ko an kai inda ya kai a sama. Tun da ciwon ƙugu ya kama shi bayan kundin 1996 aka rabu a 1998, an yi Steve Augeri, an yi Jeff Scott Soto, ga Pineda, dukansu waƙoƙin kundin nan suke rerawa kowane dare. Shi ne ma'aunin da ake auna su da shi.

Malam Habu:
Akwai wani abin da ya kamata matasa su sani game da daɗewarsa. Da ya fito na goma ya tsaya, ba wani abin mamaki. Kuma shekaru da dama dokar Billboard ita ce tsohon kundi ba ya zama a babban jadawali, akwai nasu daban. A ƙarshen 2009 aka sauya dokar, tsofaffi suka dawo, sai ga shi ya shigo ya ƙi fita. Yanzu ya haura mako 800 a jadawalin kundaye 200, yana bin bayan The Dark Side of the Moon na Pink Floyd da Legend ɗin da na ambata. Abubuwa sun taru sun taimaka: ƙungiyar wasan besbol ta Chicago White Sox ta riƙi "Don't Stop Believin'" a shekarar da ta ci kofi a 2005, aka rufe shirin The Sopranos da ita a Yunin 2007, shirin Glee ya ɗauke ta a 2009. A Ingila ma, inda ta tsaya ta 62 a 1982, sai da ta dawo ta kai ta 6. Duk wanda ya ji ta ya je nema, wannan kundin yake tararwa, da hoton buzuzun nan mai fukafukai na Masar ta dā a bangonsa. Ga kuma abin mamaki: Journey ba ta taɓa samun waƙa ta ɗaya a babban jadawalin Amurka ba. Schon da Cain sai da suka kafa Bad English da John Waite suka same ta a 1989, amma yau waccan ba ta kai ko rabin waɗannan a bakin jama'a ba.

Baban Khalifa:
To Sadiƙu, mu sauko ƙasa. An ba ka almakashi, gurbi 15 ne ba ƙari. Me za ka cire, me za ka sa?

Sadiƙu Mai Jita:
Zan cire "Girl Can't Help It" da "Be Good to Yourself", in bar wa Hajiya tata. Zan cire "Send Her My Love", domin masu sanyi sun yi yawa, ga "Faithfully" ga "Open Arms" ga "Who's Crying Now". A gurbinsu in sa "Of a Lifetime" don a san daga inda aka fito, in sa "Stone in Love", sannan in sa "Feeling That Way" inda Rolie ke farawa da muryarsa mai kauri Perry ya karɓa daga sama. Asali ma tana manne da "Anytime", gidajen rediyo tare suke sa su. Sai 2011 aka tuna da su a Greatest Hits 2, bayan shekara 23, kuma ko a can ba a ɗauko komai daga kundayen farko uku ba.

Baban Khalifa:
"Stone in Love" na ba ka, ta cancanta, a cire "Girl Can't Help It". Amma "Of a Lifetime" kusan minti bakwai ce, kuma ba muryar Perry. Ka sa ta tsakiyar jerin nan sai ta karya tafiyar, wanda ke tuƙi yana rerawa zai miƙa hannu ya tsallake. Wurinta daban.

Anti Rabi:
"Send Her My Love" kuma ba inda za ta je. Ku nemi wata.

Ɗan Damagaram:
Yaya Sadiƙu, yanzu na saurari "Feeling That Way" da "Anytime" a jere kamar yadda ka ce. Wallahi inda muryoyin biyu suke haɗuwa ya fi ƙarfin bayani, kuma ogan ɗin Rolie yana ba kiɗan wani ɗumi da babu shi a waƙoƙin 1983. A wannan ina bayanka, ya kamata a ce suna ciki. "Of a Lifetime" kuwa na ji ta, jitar ta burge ni, amma ina tare da Baba, ba ta wannan kundin ba ce. Yanzu wasansu na Houston na 1981 nake nema, in ji yadda "Stone in Love" take a gaban jama'a.